Tudun Da Muka Sayar Wa Masu Tifa

Da farko na yi niyyar yin magana a kan ƙa'idojin rubutu, sai wani abu ya faru a ƙauyenmu da ya tsaya mini a rai, na ga gara in kawo shi gabanku mu tattauna.

Ƙauyenmu yana arewacin Kano, tsakanin Bichi da Dambatta. Duk wanda ya san wannan yanki ya san babu daji a cikinsa. Gona tana manne da gona daga bakin wannan gari har bakin wancan, sai gawo da ɗorawa da kuka jefi-jefi. A gabas da gari akwai wata gonar gidanmu da ake kira Kufai. A tsakiyarta akwai wani tudu da bai wuce tsayin mutum ba, ga kukoki uku a gefensa. Tun ina yaro, duk shekara in an zo huɗa sai garma ta tono tsingaro mai zane-zane, wanda bai yi kama da na tukwanen da ake sayarwa yanzu ba. Akwai kuma wasu baƙaƙen duwatsu masu nauyi, masu ƙananan ramuka kamar an toya su, waɗanda muke jifan tsuntsaye da su. Kakana ne ya gaya mini sunansu. Ya ce kashin maƙera ne, wato abin da ke saura in an narka tama an fitar da ƙarfe.

Na ce, "Malam, su wa suka yi ƙira a nan?"

Ya ce, "Kai ɗan bokon nan ka cika tambaya. Mutanen da ne. Ran da ka samu sarari ka zo in ba ka labarinsu."

Ban samu sararin ba. Ina can ina fama da jarrabawar difloma Allah Ya yi masa rasuwa.

Da ranin da ya wuce na je gida na tarar babu tudun. An sayar wa masu tifa ƙasarsa, sun kwashe sun kai wani wuri da ake cike fili za a yi gini. Sai rami, da tsingaro warwatse a bakinsa, da rabin dutsen niƙa da aka yar. Ban ga laifin baffana da ya sayar ba. Yana da iyali, ga tsadar takin zamani, ga tudun yana cin masa kunya goma sha ba ya ba shi ko dami ɗaya. Laifin da na gani nawa ne. Ni da nake kiran kaina marubuci, na rubuta gajerun labarai a kan gidajen Abuja da otal-otal ɗin Dubai waɗanda ban taɓa shiga ba, amma ko layi ɗaya ban rubuta a kan tudun da na yi wasa a kansa ba. Yanzu babu tudun, babu tsohon da ya san labarinsa.

Ra'ayina ke nan a wannan mako: mafi yawan tarihin talakan ƙasar Hausa ba a rubuta shi a littafi ba, yana binne a gonakinmu, kuma kullum ana kwashe shi. Masana ilimin kufai, masu tona ƙasa su karanta abin da mutanen da suka bari, ba su da yawan da za su kai kowane ƙauye. Mu da muke zaune a ƙauyukan, muka kuma iya riƙe biro, in ba mu rubuta ba to ba wanda zai rubuta.

Abin da ya ƙara buɗe mini ido shi ne karatun da na yi a kan wasu mutane da ake kira Maya. Suna zaune a kudancin Meziko da Gwatemala da Beliz, da wani ɓangare na Honduras da El Salbado. Kada ku ga nisan wurin ku ce ina ruwanmu. Masarar da muke gasawa da damina daga wannan yanki ta fito, can aka fara noma ta shekaru dubbai da suka wuce, duk da mu sunan Masar muka laƙa mata. Tsakanin shekarar 250 da 900 Miladiyya mutanen Maya sun gina manyan birane irin su Tikal da Copan da Palenque, da dogayen gine-gine na dutse, suna da rubutunsu da lissafin kwanakinsu. Daga baya aka tashi daga yawancin biranen nan, daji ya haɗiye su.

Darasi uku na ɗauko daga yadda aka binciki tarihinsu.

Na farko, da Turawa suka fara ganin waɗannan kufai, da yawansu sun ƙi yarda cewa kakannin manoman da ke zaune a wurin ne suka gina su. Wasu suka ce Misirawa ne, wasu suka ce wata ɓatacciyar al'umma ce daga ƙetaren teku. A 1839 wani Ba'amurke, John Lloyd Stephens, da abokinsa mai zane, Frederick Catherwood, suka shiga dajin suka zana abin da suka gani dalla-dalla. Stephens ya tsaya a kan cewa mutanen ƙasar ne suka yi ginin. Shi ne kuma ya ba da labarin cewa ya sayi kufan birnin Copan a kan dala 50, domin mai filin bai ga amfanin tarin duwatsu ba. Da na karanta wannan sai na tuna baffana da masu tifa.

Mu ma haka muke yi wa kanmu. In an ga tsohuwar ganuwa a daji sai a ce aikin ƙattan farko ne. In an ga rijiya mai zurfi da ba a san wanda ya haƙa ba sai a ce ta aljanu ce. In an tambayi asalin gari sai a ce daga Bagadaza ko Yemen ko Masar aka zo. Kamar dai ba mu yarda wani abin kirki zai iya tsirowa daga ƙasar nan ba sai an kawo shi daga gabas. Masana irin su Abdullahi Smith da Yusufu Bala Usman na Jami'ar Ahmadu Bello sun daɗe da jan hankali cewa labarin Bayajidda bai isa ya bayyana yadda garuruwan Hausa suka kafu ba. Smith ya nuna a 1970 cewa daga ƙauye ake samun gari, daga gari a samu birni, a wuraren da ke da ƙasar noma da tama da ruwa da dutsen da ake girmamawa. Ƙasa ma ta ba da shaida. An gwada shekarun gawayin wani wurin narkar da tama a Dutsen Dala, aka samu ya kai wajen ƙarni na 7. Ke nan ana fitar da ƙarfe a Kano shekaru sama da 300 kafin 999, shekarar da ake cewa Bagauda ya fara sarauta.

Darasi na biyu shi ne rubutu yana iya ƙonewa, kuma wanda ya tsira ba ya faɗin komai da komai. A 1562 wani limamin kirista daga Sifen, Diego de Landa, ya sa aka ƙona littattafan Maya a wani gari da ake kira Mani. A yau huɗu kaɗai suka rage a duniya. Rubutun da ke jikin duwatsu kuwa aka yi ɗaruruwan shekaru ba mai iya karanta shi, sai a 1952 wani ɗan Rasha, Yuri Knorozov, ya nuna cewa alamomin suna wakiltar sautukan magana. A 1960 kuma Tatiana Proskouriakoff ta gano cewa labarin sarakuna ne aka rubuta: ranar haihuwa, ranar hawa gado, ranar mutuwa. Daɗi ya kama masana, amma sai suka lura duwatsun ba su ambaci manomi ko mai ginin tukwane ba.

Labarin manomin sai ya fito daga wani wuri daban. A 1976 wata katafila tana share fili a El Salbado za a gina rumbunan hatsi, sai ta ci karo da bangon wani ɗaki. Ashe ƙauye ne sukutum da tokar dutse mai aman wuta ta binne wajen shekara ta 600. Sunan wurin Joya de Ceren. Payson Sheets ya fara bincike a wurin a 1978. An tarar da ɗakuna da rumbuna, da tukwane da wake a ciki, da tabarmi a naɗe, da gonar masara da kunyoyinta yadda mai ita ya bar su, har da gonar rogo. Mutanen sun samu sun gudu, suka bar kayansu. Wannan ɗan ƙauye ya koya wa masana abin da talakan Maya ke ci da yadda yake kwana fiye da abin da manyan gine-gine suka koya musu.

Mu dawo gida. Muna da Tarihin Kano, wanda H. R. Palmer ya fassara zuwa Turanci a 1908, ya kuma fito da Hausa a cikin Labarun Hausawa da Maƙwabtansu. Littafi ne mai daraja, ya jero sarakuna 48 daga Bagauda zuwa Muhammadu Bello. Ya gaya mana Gijimasu ne ya fara ganuwa, ya gaya mana zuwan Wangarawa a zamanin Yaji, da ayyukan Rumfa. Amma wa ya ɗebi ƙasar ganuwar a ka? Wa ya noma geron da ya ciyar da masu ginin? Daga wane ƙauye aka kawo garmar da gatarin? Littafin sarakuna ne, ba a rubuta shi don ya amsa wannan ba. Amsar tana irin tudun da muka sayar.

Har ma abin da littafi ya faɗa, ƙasa takan ƙara masa bayani. Tarihin Kano ya nuna a zamanin Sarki Sharefa, farkon ƙarni na 18, wuri ya shigo ƙasar Hausa. Amma a Durɓi ta Kusheyi, cikin ƙaramar hukumar Mani ta Jihar Katsina, akwai tuddan kaburburan manyan mutane da Palmer ya fara tonawa a 1907, aka sake bincikensu a 1992. An samu wuri a cikinsu, tare da tasoshin tagulla da aka ƙera a ƙasashen gabas, da duwatsun ado, da zinariya, da hauren giwa, kuma kaburburan sun girmi zamanin Sharefa da ɗaruruwan shekaru. Abin da za a fahimta shi ne wuri ya daɗe da isowa a matsayin kayan ado na manya kafin ya zama kuɗin cefane. Marubucin da zai yi labari a kan Katsina ta ƙarni na 14 yana bukatar sanin wannan, don kada ya sa jarumarsa ta sayi gishiri da wuri alhali a jikin kayan adon sarauniya yake.

Darasi na uku shi ne ido yana ganin abin da aka koya masa ne. An daɗe ana ɗauka cewa biranen Maya tsibirai ne a tsakiyar daji. A 2018 aka fitar da sakamakon wani bincike da aka yi a arewacin Gwatemala da wata na'ura mai harba haske daga jirgin sama, tana auna ƙasa ta cikin ganyen itatuwa. A fili mai faɗin murabba'in kilomita kusan 2,100 an gano gine-gine sama da 60,000: gidaje, hanyoyi, magudanan ruwa, ganuwoyi, gonaki. Ashe dajin nan a da cike yake da mutane, gona manne da gona, kamar yadda yankinmu yake a yau.

Sai dai akwai bambanci, kuma bambancin ne abin tsoro. Su daji ya rufa musu asiri, ya adana kufansu shekara dubu. Mu ba mu da dajin. Tun a shekarun 1960 Michael Mortimore ya yi nazarin ƙasar da ke kewaye da birnin Kano, ya nuna yadda ake noma kusan kowane taƙi nata duk shekara ba hutu, ana ciyar da ita da taki. Yau mutane sun ninka. Garmar shanu ta zo, tarakta ta zo, masu tifa sun zo, masu yanka filaye sun zo. Ganuwar Kano da kanta, wadda aka sa a jerin wuraren da Nijeriya ke neman UNESCO ta amince da su tun 2007, kowa yana ganin yadda gine-gine ke cinye ta. In ta birni ba ta tsira ba, ina ga ta ƙauye?

Na san abin da wasu za su ce, domin an riga an faɗa mini a taron ƙungiyarmu.

Wani ya ce kayan maguzawa ne, me ya haɗa Musulmi da tone-tonen jahiliyya? Amsata ita ce Alƙur'ani a wurare da dama ya umarce mu da tafiya a bayan ƙasa mu lura da yadda al'ummomin da suka gabace mu suka ƙare. Sanin mutum ba bin addininsa ba ne. Kuma yawancin abin da garma ke tonowa tukunyar miya ce, da dutsen niƙa, da gululun mazari, da bakin karofi. Da yawan kufan nan ma na Musulmi ne da yaƙi ko yunwa ko ƙafewar rijiya ta tasa.

Wani ya ce mai fama da abin da zai ci ba ya ajiye tudu don tarihi. Wannan gaskiya ne, shi ya sa ban zargi baffana ba. Ba na kiran a hana kowa nomansa ko a ƙwace gonar wani. Abin da nake cewa, kafin tudu ya tafi a rubuta shi. Rubutawa ba ta cin kunya ko ɗaya.

Wani kuma ya ce mu marubutan labari ne, ba masana ba. To, ku dubi yadda aka gano tarihin Nok a kudancin Kaduna. Masu haƙar kuza ne suka fara cin karo da mutum-mutumin yumɓu a 1928. A 1943 aka kai wa Bernard Fagg wani kan mutum na yumɓu daga Jama'a, wanda wani ma'aikaci ya kafa a gonar doyarsa don korar ɓarna. Daga nan aka faro. Masana daga Jami'ar Frankfurt da suka fara aiki a yankin a 2005 sun nuna al'adar ta fara wajen shekara 1,500 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), kuma mutanen suna cin gero da wake, har an gano alamar saƙar zuma a jikin tukwanensu. Duk wannan ilimi ya samu ne saboda wani ya ga abu ya ce wannan ba banza ba ne. Haka Kufan Kanawa da ke kusa da Damagaram a Nijar, inda Anne Haour ta yi bincike: sunan da mutanen wurin suka riƙe, da labarin da suke bayarwa cewa daga nan Kanawa suka tashi, yana cikin abin da ya ja hankalin masana. Suna da labari a bakin mutane suke, kuma nan ne fagenmu.

To me nake so mu yi? Abu ne mai sauƙi.

Ka samu littafin rubutu guda ka keɓe shi. Ka rubuta sunayen gonakin garinku da unguwanninsa: Kufai, Maƙera, Marina, Tsohon Gari, Bayan Ganuwa, duk yadda ake kiransu. Ka je wurin tsofaffi, maza da mata, ka tambayi dalilin kowane suna, ka naɗi muryarsu a waya in sun yarda. In biyu suka saɓa, rubuta duka biyun, kada ka gyara wa kowa. 'Yan uwa mata, ku kuna da hanyar da mu ba mu da ita, domin tsofaffin cikin gida sun san wa ke ginin tukwane a da, ina ake ɗebo yumɓu, wace rijiya ce ta fara ƙafewa.

Ka zaga gona bayan an yi huɗa ko bayan ruwan farko, lokacin ne ƙasa ke fito da abin da ke cikinta. Inda ka ga kukoki sun yi cincirindo babu gida kusa, duba ƙasan wurin, sau da yawa tsohon mazauni ne. In ka ga wani abu ka ɗauki hotonsa a inda yake, ka ajiye biro a gefensa don a gane girmansa, ka rubuta ranar da wurin. Gutsuren lofe ma shaida ne, domin taba daga nahiyar Amurka ta zo, ba ta yaɗu a yankinmu ba sai wajen shekara ta 1600, don haka lofen bai girmi wannan lokaci ba. Amma ka yi hattara da saurin yanke hukunci. Shekara da shekaru ana kai takin juji gona a mangalar jaki, kuma tsingaro yana bin taki. Guda biyu ko uku ba su mai da gona kufai ba. Tarinsu wuri ɗaya, tare da toka da dutsen niƙa ko kashin maƙera, shi ne abin lura.

Kada ka tona, kada ka sayar. Masana suna karanta ƙasa ne hawa-hawa, na ƙasa ya girmi na sama, in ka cakuɗa ka ɓata shaidar har abada. Dokar da ta kafa hukumar gidajen tarihi ta ƙasa a 1979 ta hana tona irin waɗannan wurare ba da izini ba. Mun ga abin da dillalai suka yi wa kayan Nok da na yankin Sakkwato da Katsina, waɗanda suka ƙare a ɗakunan attajiran Turai ba a san ramin da suka fito ba. In ka ga abu mai muhimmanci ka sanar da mai unguwa ko dagaci, ka kai hotunan Gidan Makama a Kano ko sashen ilimin kufai na Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya.

Sannan ka rubuta. Ka raba abin da ka gani da idonka, da abin da aka gaya maka, da abin da ka ƙago. In maƙala ce kada ka cakuɗa su. In ƙagaggen labari ne kana da 'yanci, amma ka gina shi a kan abin da ka taɓa da hannunka. Tun 1934 Abubakar Tafawa Ɓalewa ya nuna da Shaihu Umar cewa ana iya ɗaukar tarihi mai ɗaci a yi labarin da ba a mantawa. Yau da wuya ka samu ɗaya cikin littattafan da muke turawa a waya da ya koma baya ko da shekara 200. Muna kukan cewa jigo ya ƙare, kowa yana maimaita na wani, alhali ga maƙerin da ya kwana yana zuga wuta ƙasar tama ta ƙi ba da ƙarfe, ga matar da ta bar dutsen niƙanta ta gudu da goyo, ga ranar da mai gari ya tara mutane ya ce rijiya ta ƙafe sai tashi. Waɗannan duk suna jiran mai rubuta su.

Mutanen Maya ba su ƙare ba. Miliyoyinsu suna nan suna magana da harsunansu, wasunsu suna koyon rubutun kakanninsu, suna kuma da marubuta irin su Humberto Ak'abal, wanda ya yi waƙoƙinsa da harshen K'iche' har ya rasu a 2019. Sun yi asara mai yawa, amma da aka zo nema an samu abin tonowa. Tsorona shi ne jikokinmu su zo nema su tarar mun cike kududdufi da shi.

Ni dai na fara, ko da yake a makare. Na ɗauko rabin dutsen niƙan nan daga bakin ramin don kada tifa ta gaba ta tafi da shi, na rubuta inda na same shi. Na kuma samu wata tsohuwa, ƙanwar kakana, ta ce ta ji ana cewa mutanen Kufai maƙera ne da suka tashi suka yi arewa a wata shekarar yunwa. Iyakar abin da ta riƙe ke nan. Shafi ɗaya ne, amma ya fi babu.

Ina roƙon kowa a zauren nan, kafin ƙarshen wata ya kawo mana kalma 300 a kan kufai ɗaya, ko tsohuwar rijiya, ko karofin da aka daina amfani da shi a garinsu. Wanda yake birni ya kira gida ya tambaya. Wanda kuma yake da kaka a raye, ya je yau, kada ya jira sarari irin nawa.

Allah Ya jiƙan magabatanmu, Ya sa mu dace. Gyara da ƙarin bayani ina maraba da su.